Inuwar Ɗorawar Ladingo

An ce wani sarki ne aka yi a wata ƙasa ta bakin daji, mai ƙarfin mulki, mai kyauta in ransa ya yi fari. Ba a san shi da mugunta ba, amma yana da hali guda, in ya ƙwallafa rai a kan abu, kunnensa ya toshe ke nan sai ya samu. Abin da ya fi so a duniya kuwa shi ne lambu. Duk baƙon da ya sauka birninsa, kafin a tambaye shi labarin sarakunan ƙasarsu sai an tambaye shi labarin itatuwanta.

Wata shekara ayari ya sauka daga arewa, a cikinsa akwai wani bafatake Balarabe mai suna Sidi Mabruk. Da aka shigo da shi fada ya yi gaisuwa, sai ya kwance wata ƙaramar jakar fata, ya zuba iri kashi biyu a kan faifai, ya ce, "Ya sarki, ɗorawar nan ta ƙasarku tana da masu kama da ita a bayan teku, su ma kwanso suke yi kamar ita. Wannan kashin, 'ya'yanta dogaye ne masu zaƙi, ganyenta ƙanana, inuwarta ba ta da nauyi, har ciyawa takan tsiro a gindinta. Wannan kuwa furenta fari ne fat, yana saukowa tuli-tuli, ƙamshinsa ya fi na turaren da nake sayarwa, girmanta kuma kamar ana jan ta sama. Dukansu suna da ƙaya. Amma ina gargaɗinka game da mai farin furen. Ba ta zama inda aka ajiye ta. A shuka ta nesa da gini, a ƙasar da ba a damu da ita ba, kada kuma a bar dabba ta ci ɓawonta."

Sarki ya ji zancen ƙamshi, bai ji zancen gargaɗi ba. Ya juya wajen wazirinsa, wanda ake kira Mijinyawa, ya ce, "Ina ne ƙasa mafi kyau kusa da gidan nan?"

Waziri ya ce, "Allah ya ba ka nasara, babu kamar kwarin da ke bayan katangar kudu. Sai dai tsofaffin ɗorawa sun cika shi, da 'yan bukkokin masu daddawa."

Wannan kwari kuwa, kowace ɗorawa a cikinsa tana da mai ita, gado ne tun kakanni. Da bazara takan sako jajayen furanni masu lilo kamar tuntu, zuma ta yi ta kuka a kansu. In 'ya'ya suka nuna, mata su kaɗo, su cire gari mai ruwan ɗorawa don kunu, su dafa kalwa su yi daddawa, ɓawon kuma a jiƙa a yi makuba don daɓe. Shekarar da hatsi ya ƙi, garin nan ne yake riƙe yara har damina ta sauka.

Da shela ta kai kwari cewa za a sare, sai wata tsohuwa mai suna Ladingo ta ɗauro zane, ta kamo hannun jikarta Tabawa, ta zo fada ta durƙusa a inda masu ƙara suke durƙusawa. Ta ce, "Ranka ya daɗe, ban zo don bukkata ba, bukka ana yin wata. Na zo don itacena, ɗorawata. Kakana ne ya shuka ta, bai ci ba, ubana ya ci, ni na ci, yarinyar nan ita ce ke ci yanzu. Ba ta da uwa ba ta da uba, sai ni da ɗorawar nan. Ka bar mana ita ita kaɗai, ka shuka naka a kewayenta."

Waziri ya ce, "Ke tsohuwa, ƙasa ta wa ce?"

Ta ce, "Ta sarki ce."

Ya ce, "To abin da ya tsiro a kanta fa?"

Ladingo ta dubi alƙalin gari, wani dattijo mai suna Malam Nomau, wanda ya yi wa uban sarkin alƙalanci. Sarki ma ya dube shi ya ce, "Malam, yanke mana."

Malam Nomau ya ce, "Ya sarki, an ba ka ƙasa ka tsare wa mutanenta, ba a ba ka ita ka raba su da ita ba. Itacen nata ne."

Fuskar sarki ta canja. Ya ce, "Ban tambaye ka wa'azi ba." Ya ɗaga hannu, dogarai suka fitar da tsohuwa da jikarta. Malam Nomau ya tashi, ya ajiye sandarsa ta alƙalanci a gaban shimfiɗa, ya yi sallama, ya fita da ƙafarsa, ya koma wani ƙauye a gindin dutse. Kashegari da hantsi aka shiga kwari da gatura, kafin la'asar babu ɗorawa ko ɗaya a tsaye. Aka tone kututture, aka share, aka ja katanga. Mutanen kwari suka watse.

Irin Sidi Mabruk ya kama. Mai zaƙin 'ya'ya tana tafiya a hankali, mai farin fure kuwa cikin 'yan shekaru ta wuce katanga. A tsakanin nan aka yi shekarar fari, hatsi ya ƙi, amma ana ɗebo ruwa daga rijiyar fada ana ba lambu, bai ko yi yaushi ba. Da furen farko ya fito, ƙamshi ya game unguwa, sarki ya yi murna, ya yi wa waziri alkyabba.

Daga nan abubuwa suka fara.

Na farko, tsuntsu ba ya sauka a lambun. Garke zai taso daga gabas, da ya zo daidai katanga sai ya rabu biyu ya kewaye. Zuma ma ba ta zuwa, duk da furen da ya rufe rassa. Mutum in ya shiga, ba ya jin komai sai numfashinsa. Sa'an nan masu ban ruwa suka fara guduwa ɗaya bayan ɗaya, ba wanda ya yarda ya faɗi dalili, har aka kamo babbansu aka kawo shi gaban sarki.

Ya ce, "Allah ya ja zamaninka, ka kashe ni ya fi mini sauƙi da in koma. In rana ta take, ana daka a lambun nan. Ba dakan sakwara ba ne, dakan kalwa ne, na san shi, uwata ta yi shi. Ka bi sautin ka isa wurin, ba turmi ba taɓarya, sai ka ji shi a bayanka. Kuma akwai inuwa."

Sarki ya ce, "Lambu ne, dole a sami inuwa."

Ya ce, "Ranka ya daɗe, inuwar da ba itace."

Waziri ya yi dariya, ya ce rana ce ta bugi mutumin. Amma ba a daɗe ba sai ga tsiro mai ƙaya ya fasa daɓen barga, dokin da sarki ya fi so ya ɓare shi ya ci, ya kwanta bai tashi ba. Aka sare tsiron, bayan 'yan kwanaki wasu da yawa suka fito a madadinsa. Suka ɓullo a madafa, suka ɓullo a bakin rijiya. Wata safiya da aka buɗe zauren fada, sai ga ɗaya ya tsaga ƙasa ya kai gwiwar mutum, daidai inda masu ƙara suke durƙusawa. Fadawa suka tsaya cirko-cirko, ba mai iya kallon wani.

Ran nan sarki ya ce shi da kansa zai gani. Da rana ta kai tsaka ya shiga lambu shi da waziri. Suka wuce layin masu farin fure, suka fito wani fili da aka bari don shimfiɗar hutawa. Filin ba ko ciyawa mai tsawo, sama tarwai ba gajimare, amma ga inuwa shimfiɗe a ƙasa, faffaɗa, mai rassa, irin ta tsohuwar ɗorawa. Gefen ganyenta yana motsi a kan rairayi alhali babu iska. Can gaba ga wata, ga wata kuma, kowace a inda mai ita ta taɓa tsayawa. Sarki ya ɗaga kai, babu komai tsakaninsa da rana. Ya sa ƙafa cikin inuwar, sanyi ya ratsa shi har ƙashi, warin daddawa ya cika masa hanci. Sai daka ta tashi, dum, dum, a hankali, kamar hannun wanda ba shi da ƙarfi. Ƙarƙashin dakan kuma ya ji wata ƙaramar murya, ta yarinya, tana cewa, "Kaka, ta nuna?"

Da ya waiwaya, waziri ya riga ya kai ƙofa.

Waziri ya ba da shawarar a yanka baƙin sa don aljanun wurin, a kuma cinna wa lambun wuta. Sarki ya kwana biyu ba ya cin abinci, sa'an nan ya sa aka ɗaura masa sirdi, ya nufi ƙauyen gindin dutse da dogarai kaɗan. Ya tarar da Malam Nomau zaune a kan buzu, ya ƙara tsufa, littattafansa a gefe. Malam bai tashi ba, ya dai matsa ya ba shi gefen buzu.

Sarki ya ce, "Allah gafarta Malam, wane itace ne ake sarewa ya ƙaru?"

Malam ya ce, "Ya sarki, wanda ƙarfinsa yake ƙarƙashin ƙasa. Ka ji masa ciwo a sama, ya amsa maka daga saiwa. Baƙuwar itaciyarka ke nan, kuma ba laifinta ba ne, halinta ne. Wanda ya kawo ta bai faɗa maka ba?"

Sarki ya sunkuyar da kai ya ce, "Ya faɗa. To wane itace ne ake sarewa inuwarsa ta ƙi tashi?"

Malam ya ce, "Wanda aka yanke wa hukunci ba a saurari mai shi ba. Shari'ar ba ta ƙare ba, shi ya sa shaidu suke zaune."

Sarki ya ce, "An ce in yanka wa aljanu baƙin sa."

Malam ya ce, "Aljani ya taɓa kawo ƙara gabanka?"

"A'a."

"To don me za ka nemi sulhu da wanda bai kai ƙararka ba, ka bar wanda ya kai? Tashi mu je, ina so in ga wurin."

Suka iso lambu bayan azahar, rana ta ɗan karkata. Malam ya bi inuwoyin yana dubawa, yana kiran sunan masu su, wannan ta gidan wane, waccan ta gidan wance, kamar mai gaisawa da tsofaffin maƙwabta. Da suka zo wajen babbar da ke tsakiyar fili ya ce, "Wannan ta Ladingo ce." Daka tana tashi a hankali. Malam ya ja sarki suka fito tsakiyar rana, ya ce, "Ya sarki, liman in ya hau mumbari ranar Juma'a, da wane suna yake yi maka addu'a?"

Sarki ya ce, "Yakan ce inuwar Allah a bayan ƙasa."

Malam ya ce, "To dubi ƙasa."

Sarki ya duba. Ga inuwar Malam kwance gabas da shi, har da ta carbin da ke hannunsa. Ga ta dogarin da ke riƙe da laima can nesa. A gindin ƙafar sarki kuwa babu komai, rairayi ne fari, rana tana dukansa kamar ba wanda yake tsaye a wurin. Ya ɗaga hannu, ya kaɗa hannun riga, ƙasa ba ta nuna ba. Sai ya zube ƙasa.

Ya ce, "Tun yaushe?"

Malam ya ce, "Wannan sai ka tambayi masu tafiya a bayanka. Ina jin sun daɗe da gani."

Dogarin ya kawar da kai. A nan sarki ya gane cewa shekaru ke nan fadawansa suna kallon ƙasa in ya fito rana, ba wanda ya iya faɗa masa. Ya yi kuka irin na wanda bai saba ba, ya ce, "Ya Malam, me zan yi?"

Malam ya ce, "Ba ni ka kora da ƙara a baki ba, ni da ƙafata na fita. Mai ƙarar tana nan da rai, a ƙauyenmu take."

Suka sami Ladingo a ƙofar wata bukka, idanunta sun yi fari, tana tsinkar zogale da lalube. Ita kaɗai ce. Sarki ya cire takalmi, ya durƙusa a gabanta yadda ta taɓa durƙusa masa, ya ce, "Iya, ni ne sarki."

Ta ce, "Na ji takun doki. Me aka zo karɓa kuma?"

Ya ce, "Ba a zo karɓa ba. Ina Tabawa?"

Hannunta ya tsaya. Ta ce, "Ka riƙe sunanta ashe. Shekarar fari ta tafi. Kullum sai ta tambaye ni ko ɗorawa ta nuna, in ce mata saura kaɗan. Har ranar da ta daina tambaya."

Sarki ya ce, "Iya, ki faɗi abin da kike so. Gida, gona, shanu, duk abin da hannuna ya kai."

Ta ce, "Itacena nake so."

Ya ce, "Wannan hannuna bai kai ba."

Ta ce, "Na sani. So nake ka ji da bakinka." Ta lalubo wani ƙullin tsumma a ɗamararta, ta kwance, ga kalwa 'yan ƙwayoyi, baƙaƙe, sun yi santsi don shafa. "Daga 'ya'yan ɗorawata na ƙarshe ne. Ban dafa ba ko a shekarar yunwa, don ba za su cika bakin yarinya ba. Ba na yafe maka yau. Amma in kana so ka fara, kai ni wurin, kuma kada ka sa bawa ya haƙa."

Da ruwan fari ya sauka, aka rushe katangar kudu, aka aika a nemo mutanen kwari duk inda suke. Wasu suka dawo, wasu ba a same su ba. Aka zaunar da Ladingo a kan tabarma, sarki ya tuɓe alkyabba ya kama fartanya, ita kuwa tana ba da umarni kamar mai koya wa ɗan da bai da kai.

"Ka jiƙa kalwar da ruwan ɗumi ta kwana? Fatarta tauri gare ta, in ba ka tausasa ta ba sai ta shekara tana barci. A'a, a nan za ka sa ta, inda za ta zauna har abada. Saiwarta doguwa ce, ba ta son a ɗaga ta. Ka ba da tazara, kai dai, ba gero kake shukawa ba, rassanta sai sun rufe gida guda. In ka gama ka kewaye ta da ƙaya don awaki. Ga ƙaya nan ka tara da yawa, ta yi amfani."

Masu farin fure kuwa, Malam Nomau ya hana a yi musu saran gayya. Ya sa aka haƙa rami mai zurfi tsakaninsu da gidan sarki aka datse saiwa, ana tuge tsiro tun yana ƙarami, sauran kuma aka kai su bakin wani kwazazzabo da ke cinye gonaki, inda yaɗuwar saiwarsu ta riƙe ƙasa. Mai zaƙin 'ya'ya aka bar ta a gefen hanya, awaki suna cin abin da ta zubar.

Duk ramin da sarki ya shuka ya shayar da hannunsa, in tsiron ya kama, sai inuwar wurin ta dushe ta ɓace. Tsuntsaye suka dawo. Inuwa ɗaya ce ta ƙi tashi, ta tsakiyar fili. Ladingo ta rasu ɗorawarta ba ta wuce kafaɗar mutum ba, ba ta kuma taɓa cewa ta yafe ba. Bayan mutuwarta dakan ya tsaya, amma inuwar tana nan, faffaɗa, ƙaramin itace tsaye a tsakiyarta kamar yaro cikin rigar ubansa.

Sarki ya sa aka ɗauke shimfiɗarsa daga zaure aka kai ta can. A cikin wannan sanyin yake zama yana jin ƙara har ƙarshen ransa, kuma ba a sake korar mai ƙara ba sai ya gama maganarsa. Masu ba da labari sun saɓa game da inuwarsa shi kansa. Wasu sun ce ta dawo kaɗan-kaɗan, wasu sun ce har aka binne shi ba a gan ta ba.

Da tsufa ya kama shi, aka kawo masa kunu na garin ɗorawar da ya shuka, nunar farko. Ya riƙe ƙoƙon, bai sha ba, ya miƙa wa wata mata mai goyo da ta zo da ƙara. Sa'an nan ya dubi ɗansa mai jiran gado ya ce, "Ka riƙe wannan. Zalunci yini guda ya ishe shi, gyaransa kuwa ya cinye mini rayuwa bai ƙare ba. In mai rauni ya durƙusa gabanka, ka saurare shi tun abin da yake roƙo yana tsaye."